Tambaya da Amsa: Na'urar Jirkita Amo a Duniyar Almara

Wasiƙun wannan karon kusan duk hanya ɗaya suka bi. Marubutan almara ne da masu tsara wasanni, kowa da na'urar da ya ƙago mai canza murya, ko ɓoye ta, ko mayar da ita makami, kuma kowa so yake mai karatu ya yarda da ita. Kalmomi biyu za su yi ta dawowa a amsoshin. Ta farko yawan kaɗawa, wato sau nawa iska ke kai-komo cikin sakan ɗaya. Ana auna shi da haz, kuma lafiyayyen kunne yana jin daga haz 20 zuwa kusan 20,000: ƙasa kauri, sama siranta. Ta biyu tsawon zango, wanda masu sauraron rediyo suka saba ji. Ana samunsa idan aka raba gudun sauti, mita 343 a sakan cikin iska mai ɗumin digiri 20, da yawan kaɗawar. Sautin haz 100 zangonsa mita 3.4 ne, na haz 1,000 kuwa santimita 34.

Tambaya: Assalamu alaikum. A labarina babu lantarki. Ɗan leƙen asiri yana magana a cikin wani tulun tagulla, sai muryarsa ta fito ta mace. Tulu kaɗai zai iya wannan aiki, ko sai na sa tsafi? (Daga wata marubuciya)

Amsa: Wa alaikumus salam, Malama. Tulu shi kaɗai ba zai iya ba, kuma dalilin hakan shi ne tushen duk sauran amsoshin yau. Abin da yake zaune wuri ɗaya, tulu ne ko bututu ko bango, tacewa kawai yake yi. Yana ƙarfafa wani sashe na sautin, ya danne wani, amma haz 120 da ya shiga haz 120 zai fito. Ko da sauti ya tsallaka daga iska zuwa ruwa, inda gudunsa ke kaiwa kusan mita 1,480 a sakan, zangonsa ne ke miƙewa, yawan kaɗawar na nan daram.

Tulun na da sautin da ya fi amsawa. Hermann von Helmholtz na Jamus ya yi nazarin wannan a ƙarni na 19. Tulu mai cin lita 1, da wuya mai tsawon santimita 5 da faɗin santimita 2, zai amsa a wajajen haz 120. In kika ninka cikinsa sau 4, sautin ya sauka zuwa rabi. In kika zuba ruwa har ya cinye kashi 3 cikin 4 na cikin, ya hau zuwa wajen 240. Kin ga ke nan ruwa zai iya zama abin saiti a labarinki.

Murya kuwa hawa biyu gare ta. Tantanin maƙwallato ne ke ba da tushe, haz 85 zuwa 180 ga yawancin maza, 165 zuwa 255 ga yawancin mata. A kan tushen akwai 'yan rakiya, ninki biyu, ninki uku, ninki huɗu, har sama. Sai maƙogwaro da baki da hanci su zaɓi waɗanda za su ƙarfafa, kuma wannan zaɓin, wato amon baki, shi ne ke bambanta wasalin "a" da "i". Tulunki hawa na biyu kawai yake taɓawa, don haka namiji zai fito namiji mai magana a cikin tulu.

Tsafi ya zama dole, amma ki sa shi wuri guda: wani dutse a gindin tulun da ke ninka kaɗawa. Ki kuma ba na'urar maɓalli biyu. In komai aka ninka sau biyu, abin da zai fito ya fi kama da muryar 'yar tsana. Hanyar iskar namiji daga maƙwallato zuwa leɓe wajen santimita 17 ce, ta mace wajen 14 zuwa 15, saboda haka amon bakin mace bai fi na namiji da kashi 20 cikin 100 ba, alhali tushen muryarta na iya kusan ninka nasa. Maɓalli ɗaya ya ɗaga tushe sosai, ɗayan ya ɗaga amon baki kaɗan. Dutsen ba zai canza lafazi ba, ko inda mutum ke jan numfashi, ko kalmar da ta zame masa jiki. Ta nan ya fi dacewa a kama ɗan leƙen asirin naki.

Tambaya: Ni ba na son tsafi ko kaɗan. Ina son na'urar da maƙeri da kafinta za su iya haɗawa, wadda za ta sa muryar sarkin labarina ta firgita jama'a. Ku ba ni sassanta. (Daga wani mai tsara wasa)

Amsa: Malam, wannan mai yiwuwa ne, matuƙar wani abu na motsi a cikinta. Ka fara da ƙahon karɓa mai baki kamar santimita 30, wanda ke tsukewa zuwa bututu mai faɗin santimita 3. Ka yanke bututun a tsakiya, ka bar 'yar tazara da siririn faifan ƙarfe zai ratsa. A huda faifan huda 15 a kewaye, kowace daidai faɗin bututun, tazarar da ke tsakaninsu ma haka. Igiya mai ɗauke da nauyi ce za ta juya shi, kamar tsohon agogon bango, tare da fikafikan iska da ke hana shi ƙara gudu. Daga nan sai ƙahon fita.

Lissafin mai sauƙi ne. Huda 15 a juyi 2 cikin sakan ɗaya, an datse murya sau 30 ke nan. Duk sautin da ya ratsa zai haifi biyu, ɗaya sama da shi da 30, ɗaya ƙasa da shi da 30. Haz 200 zai fito da rakiyar 170 da 230. In datsewar ba ta kai sau 20 a sakan ba, kunne zai ji kamar mai rawar sanyi ne ke magana. Daga 30 zuwa 70 murya kan yi kaushi da gurnani, nan ne sarkinka zai ba da tsoro kuma a gane abin da ya ce. In ka kai juyi 10, wato datsewa 150, ta koma amon ƙarfe, kalmomi su fara ɓacewa.

Abin da ke sa ta yi amon ƙarfe ya cancanci a tsaya a kansa. 'Yan rakiyar murya a jere suke: 100, 200, 300. In aka ninka su da ɗaya da rabi za su zama 150, 300, 450, jerin bai lalace ba, kunne ya ji mutum ne mai siririyar murya. In kuwa 50 aka ƙara wa kowanne, sun zama 150, 250, 350, na biyu bai ninka na farko ba. Ƙararrawa ce ke da irin wannan karkataccen jeri, shi ya sa ƙwaƙwalwa ke cewa wannan ba mutum ba ne.

Matsalolinta: faifan na toshe hanya rabin lokaci, don haka rabin ƙarfin murya ya tafi, dole sarki ya ɗaga murya. In hudojin ba su yi daidai ba, za a ji wani ɗingishi sau ɗaya a kowane juyi. In tazarar bututu da faifai ta yi yawa, ainihin muryar za ta zurare ta gefe, a gane mai ita. Kada kuma ka haɗa mata zugazugi don ƙarin ƙarfi, domin iska mai ratsa faifai mai huda jiniya ce, irin wadda Cagniard de la Tour na Faransa ya ƙera a 1819, kuma kukanta zai binne maganar.

Wani zai ce a juya ƙahon fitar ma, don a ci moriyar abin da Christian Doppler ya bayyana a 1842, cewa sautin da ke tunkaro ka yana siranta, mai barinka yana kauri. Ƙaho mai tsawon santimita 25 da ke juyi 6 ko 7 a sakan, bakinsa na gudun mita 10 a sakan, canjin kashi 3 cikin 100 ne kacal, kuma hawa da sauka zai riƙa yi. Kafin sauti ya ninka ta wannan hanya sai mai shi ya nufo ka da rabin gudun sauti, sama da kilomita 600 a awa.

Tambaya: Dutsen da na ƙago yana saukar da murya zuwa rabi nan take. Wani da ya karanta ya ce akwai gyara, amma ya kasa faɗin inda take. (Daga wani ɗalibi)

Amsa: Ɗan'uwa, gyaran na wajen lokaci. Maganar sakan 10 tana da adadin kaɗawa ƙididdigagge. In ka rage saurinsu zuwa rabi, sai ta ci sakan 20 kafin ta gama fita, mai magana ya yi shiru dutse na ci gaba. In kuma ninkawa ka yi, ta ƙare a sakan 5. Na'urorin ɗakin ɗaukar sauti suna magance wannan ta hanyar yanka murya gunduwa-gunduwa, kowace kamar kashi 1 cikin 30 na sakan. Wajen ɗagawa sai su maimaita gunduwoyin don cike gurbi, wajen saukarwa su zubar da wasu.

Abu biyu ke nan ya hau kan dutsenka. Dole ya zama mai riƙewa, ko na ɗan ƙiftawar ido ne, don haka muryar za ta ɗan makara a bayan leɓe. Sannan rabin abin da aka faɗa masa ba ya fitowa. A ganinmu nan ne labarinka yake kwance: ina rabin ke zuwa? In a cikin dutsen yake taruwa, to ranar da ya tsage akwai rabin kowane sirri da aka taɓa faɗa a gabansa.

Tambaya: Akwai kogo a duniyata da iskarsa ke sirantar da murya. Me ya kamata in sani? (Daga wata mai karatu)

Amsa: 'Yar'uwa, irin wannan iska akwai ta, hiliyom, wadda sauti ke gudun kusan mita 1,000 a sakan a cikinta. Tantanin maƙwallato na ci gaba da kaɗawa kusan yadda ya saba, amon baki ne ke hawa. Saboda haka a kogon naki kayan busa za su siranta, masu tsirkiya su tsaya kusan inda suke, makaɗa su kasa haɗuwa. Iska marar nauyi a rufin kogo take taruwa, mai nauyi mai kaurara murya kuma a ramuka. Duk biyun suna korar iskar numfashi, mutum ya faɗi ba tare da ya ji alamar shaƙewa ba. Wannan gaskiya ne a zahiri ma, kada kowa ya gwada shaƙa.

Tambaya: Sarakuna biyu a labarina suna aika saƙo ta dogon bututu, kuma ina son na'urar da za ta hargitsa maganar yadda mai laɓe ba zai gane ba. Yaya za ta yi aiki, kuma yaya za a karya ta? (Daga wani marubuci)

Amsa: Malam, hanya mafi tsufa ita ce kifewa. A zaɓi lamba, a ce 3,300, a riƙa cire kowane sauti daga cikinta. Haz 500 ya koma 2,800, haz 2,500 ya koma 800. Kauri ya zama siranta, siranta ta zama kauri. Na'ura ta biyu a ɗaya bakin ta sake cirewa daga lambar, magana ta dawo. An zaɓi irin wannan lamba ne domin layin tarho daga haz 300 zuwa 3,400 yake ɗauka, kuma ya wadatar a gane magana. A labarinka sai a sassaƙa duwatsu biyu daga uwa ɗaya. In na biyun ya kauce da haz 50, kalmomi za su fito amma da amon ƙarfen da muka yi bayani a sama, har mai karɓa ya yi shakkar ko ubangidansa ne.

An yi amfani da dangin wannan dabara a zahiri. A farkon Yaƙin Duniya na Biyu, hirar tarho tsakanin Roosevelt na Amurka da Churchill na Ingila tana bi ta na'urar A-3, mai raba murya kashi-kashi ta kife ta kuma sauya musu wuri. Jamusawa sun kafa tashar saurare a gaɓar tekun Holan suna warware ta, har aka kawo sabuwar na'urar ɓoye murya mai suna SIGSALY a 1943.

Ga wanda ke rubutu da Hausa akwai wani rauni da ya fi wannan daɗin labari. Ka kife 100, 200, 300, za ka samu 3,200, 3,100, 3,000. Tazarar da ke tsakaninsu 100 ce har yanzu, kuma da wannan tazarar kunne ke gane hawa da saukar murya. Ma'ana kifewa tana lalata baƙaƙe da wasula, amma karin sauti da tsawon gaɓa da wuraren tsayawa duk suna tsira. Harshe mai karin sauti ya fi zubar da sirri ta wannan kafa. Mai laɓen da ya san gaisuwar fada da jerin sunayen garuruwa zai tsinci abu mai yawa daga kari kaɗai. In kuma ka ce dutsenka har karin yake juyawa, sai ka kula da abin da zai biyo baya idan aka samu kuskure wajen mayarwa: "wuya" ta jiki, mai kari sama-ƙasa, za ta koma "wuya" ta wahala, mai ƙasa-sama, "baba" uba ya koma "baba" mace. Saƙo guda da ya juye haka ya isa ya tayar da yaƙi a babi na gaba.

Tambaya: Ɓarayin labarina suna da fitilar da ke kashe duk wani sauti a faɗin ɗaki. Na ce tana fitar da kishiyar sautin ne, kuma tana zafi saboda sautin da take sha. Ya yi? (Daga wata marubuciya)

Amsa: Malama, kishiyar sauti gaskiya ce. Paul Lueg ya samu rajistar wannan dabara a Amurka a 1936, kuma ita ce ke aiki a abin sawa a kunne mai rage hayaniya. Sai dai shirun da take samarwa ɗan tsito ne, faɗinsa kamar kashi 1 cikin 10 na tsawon zango. A haz 100 santimita 34 ne. A haz 3,000, inda baƙaƙe da yawa ke bayyana, kamar santimita 1 ne kacal. Gefen wurin kuma sautin na iya ƙaruwa. Fitila ɗaya ba za ta rufe ɗaki ta wannan hanya ba.

Batun zafi ki cire shi. Ƙarfin maganar mutum wajen kashi 1 cikin 100,000 na wat ɗaya ne. Sai ya shekara sama da 250 yana magana ba tsayawa kafin ya tafasa kofin ruwa.

Shawararmu ita ce fitilar ta ƙara wa kowane sauti haz 25,000. Mutum ba zai ji komai ba, kuma sauti mai irin wannan siranta ba ya nisa a iska. Amma kare na ji har wajen 45,000, kyanwa har sama da 60,000, jemage ya wuce haka. Ɓarayinki sun tsira daga mai gadi sun faɗa bakin karnuka. Takun ƙafa kuma ta daɓe da katako yake bi, ba ta iska kaɗai ba. Mai gadin ma zai farga, domin ɗaki bai taɓa yin tsit gaba ɗaya ba: da zarar ƙarar wuta da kukan gyare sun ɗauke lokaci guda, ya san da wani abu.

Tambaya: Wace irin lalacewa ce za ta dace da na'urar dutse da bututu? Ba na son in ce kawai "ta daina aiki". (Daga wani mai karatu)

Amsa: Ta farko ita ce na'ura ta ji kanta. In ƙahon fita ya kalli na karɓa, sauti zai yi ta zagayawa yana ƙaruwa, irin kukan da lasifika ke yi a taro. A na'ura mai ɗaga kaɗawa abin ya fi ban mamaki: kowane zagaye na ƙara siranta, sai a ji kuka yana hawa har ya fice daga jin mutum. Injiniyoyin sauti kan gusar da murya da haz 5 kacal don rage wannan kukan na lasifika.

Ta biyu makara. In muryar mutum na dawo masa a kunne bayan kashi 1 cikin 5 na sakan, harshensa kan sarƙe, ya fara in'ina. Mai aiki da na'urar sai ya toshe kunne ko ya yi doguwar koyo.

Ta uku yanayi. Gudun sauti na ƙaruwa da mita 0.6 a sakan kan kowane digiri. Daga digiri 15 da asuba zuwa 35 da rana, bututu ya hau da kashi 3.5 cikin 100, dutse kuwa bai bi shi ba, saiti ya rabu. Dole a sami zoben da ake zamewa don ƙara wa bututu tsawo. Game da dutsen, ka jingina da kwats, wanda 'yan'uwan nan Jacques da Pierre Curie suka gano a 1880 cewa yana ba da lantarki in an matsa shi. Ɗan ƙanƙanin da ke cikin agogon hannu yana kaɗawa sau 32,768 a sakan. Ƙaramin dutse siririn sauti yake bayarwa, don haka mai sarrafa muryar ƙato ba zai shiga zobe ba. In ya tsage, zai amsa a wurare biyu kusa da juna, a ji murya na lilo, "wau-wau-wau", gwargwadon bambancin da ke tsakaninsu.

Tambaya: Ƙahon yaƙi zai iya rusa ganuwa idan aka dace da sautinta? (Daga wani matashi)

Amsa: Ɗan'uwa, kofin gilashi na fashewa ne domin siriri ne, yana amsawa a sauti guda, kuma yana daɗewa yana ringi in an ƙwanƙwasa shi. Duk da haka sai an wuce desibel 100 (desibel ma'aunin ƙarfin sauti ne) kuma an dace da sautin daidai. Ƙwanƙwasa ganuwa ka ji: "dum", shi ke nan. Ƙasa da duwatsun da aka jera suna shanye kaɗawa nan take, ba ta taruwa balle ta yi ɓarna. Sautin da babban gini ke amsawa ma yana ƙasa da haz 20, zangonsa ya haura mita 17, ƙahon da zai fitar da shi da ƙarfi sai ya kai girman gida.

Sannan a fili sauti na raguwa da desibel 6 duk lokacin da nisa ya ninka. Ƙahon da ke ba da desibel 140 a mita 1, a mita 128 saura 98. Masu busa su ne a bakin wuta, kuma ƙwayoyin ji na cikin kunnen mutum in sun mutu ba sa sake tsirowa. In dai kana son ganuwar ta faɗi, ka sa magina sun binne sandunan dutsen tsafin a cikin tubalinta tun ranar gini, ƙahon ya zama mabuɗi kawai. Rundunar da ke busa shi kuwa ka rubuta ta kurame, masu magana da hannu, waɗanda ake ɗauka aikin da sanin abin da zai same su.